BABI NA UKU: TARIHI DA AMFANIN FILIN WASA NA MUHAMMADU DIKKO, KATSINA

3.1 Kafuwar Filin

A babin da ya gabata an yi bayanin yadda wasan ƙwallon ƙafa ya shigo ƙasar Katsina ta hanyar makarantun boko. Wannan babi kuwa zai dubi babban filin wasa na jiha, wanda jama'a suka fi sani da Karkanda, sannan ya auna irin rabon da mutanen kudancin jihar, wato yankin Funtuwa da Malumfashi, suke samu daga gare shi.

Lokacin da gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta cire Jihar Katsina daga tsohuwar Jihar Kaduna a ranar 23 ga Satumba, 1987, babban filin wasa na Ahmadu Bello ya zauna a Kaduna, sabuwar jiha kuwa ta tashi ba ta da makamancinsa. Wannan giɓi ne ya sa aka fara aikin Karkanda a farkon shekarun 1990, a zamanin gwamnan soja John Madaki. Sai dai aikin bai yi nisa ba ya tsaya. Gwamnan farar hula Alhaji Sa'idu Barda ya zo ya wuce, kantomomin soja uku suka biyo bayansa, Alhaji Umaru Musa 'Yar'aduwa ya yi shekara takwas, duk filin bai kammalu ba. Sai a zamanin Gwamna Ibrahim Shehu Shema aka dawo kansa, aka buɗe shi a 2013 da ƙiyasin ɗaukar 'yan kallo 35,000. Ke nan yaron da aka haifa shekarar da aka sa harsashin ginin ya haura shekara ashirin kafin ya ga an buga ƙwallo a ciki. A ganin mai wannan nazari, wannan ce hasara mafi girma a tarihin filin, domin zuriya guda ta 'yan wasa ta yi ƙuruciyarta ta gama a filayen makarantu.

A 2016 gwamnatin Aminu Bello Masari ta sauya wa filin suna zuwa Muhammadu Dikko, Sarkin Katsina daga 1906 zuwa 1944. Zaɓen ya dace, saboda sarkin ya shahara da son dawaki, kuma a zamaninsa ne wasan folo ya kafu a Katsina. Duk da haka, har yau direbobi da masu babur Karkanda suke cewa.

3.2 Amfanin Filin

Babban amfanin filin shi ne ƙwallon ƙafa. Abin lura a nan shi ne, baƙi ne suka fara kawo masa wasannin babban rukuni na ƙasa a kai a kai. Ƙungiyar El-Kanemi Warriors ta Maiduguri, wadda rikicin Boko Haram ya hana ta wasa a gida, ta zauna Kano a 2014, sannan ta dawo Katsina a 2015. Ita kuwa ƙungiyar jiha, wadda a da ake kira Spotlights, ta koma Katsina United, ta hau babban rukuni a 2016, ta fara karɓar manyan ƙungiyoyi irin su Enyimba da Kano Pillars a kakar 2017.

Guje-guje da tsalle-tsalle ba su sami irin wannan gata ba. Ana amfani da hanyar tsere da ta kewaye filin a gasar makarantu da motsa jiki, amma taron da ƙwallo take tarawa bai taɓa zuwa musu ba. Bayan wasanni, filin ya zama dandalin gwamnati da 'yan siyasa, inda ake gangamin yaƙin neman zaɓe da manyan bukukuwa na jiha.

3.3 Filin da Mutanen Kudancin Jiha

A nan ne matsalar da wannan nazari ya ɗauko take fitowa fili. Filin na jiha ne, da dukiyar jiha aka gina shi, kuma yankin Funtuwa da Malumfashi, mai noman auduga da masara da waken suya, yana cikin masu ciyar da jihar. Amma tsakanin Funtuwa da Katsina akwai tafiyar kusan kilomita 200, ta Bakori da Malumfashi da Yashe da Kankiya. Wasannin gasa kuwa da la'asar ake yin su. Saurayin da ya bar gona ko kasuwa ya tafi kallo, dole ya yi sammako, ya biya kuɗin mota zuwa da dawowa, sannan ya zaɓi kwana a birni ko tafiyar dare. Tun da matsalar 'yan bindiga ta tsananta a ƙananan hukumomin Faskari da Sabuwa da Ɗandume da Ƙanƙara, iyaye kaɗan ne za su yarda da tafiyar daren.

Har ila yau, Zariya ta fi Katsina kusa da Funtuwa nesa ba kusa ba, kuma tun kafin 1987 hulɗar mutanen yankin ta ciniki da karatu ta fi karkata can da Kaduna. Saboda haka mafi yawan matasan yankin sun fi sanin 'yan wasan Ingila da Sifen, waɗanda suke gani a gidajen kallon ƙwallo, fiye da na Katsina United. Sau da yawa ranar da suke shiga Karkanda da yawansu ita ce ranar gangamin siyasa, lokacin da jam'iyya ta ɗauki nauyin mota. Babi na huɗu zai dubi ƙananan filayen da ke Funtuwa da Malumfashi, inda waɗannan matasa suke buga wasanninsu.