Bello Muhammad Matawalle: Tarihin Siyasarsa

Bello Muhammad, Matawallen Maradun, ɗan siyasa ne daga ƙaramar hukumar Maradun ta jihar Zamfara. Ya yi kwamishina daga 1999 zuwa 2003, ya wakilci mazaɓar Bakura da Maradun a Majalisar Wakilai daga 2003 zuwa 2015, ya yi gwamna daga 2019 zuwa 2023. Shi ne gwamna na uku da ya fito daga yankin Mafara da Bakura da Maradun, bayan Ahmad Sani Yariman Bakura da Abdul'aziz Yari. Kafin siyasa ya koyar a makarantun 'yan mata na Moriki da Kwatarkwashi, ya kuma yi aiki a Ma'aikatar Albarkatun Ruwa ta Tarayya.

Zaɓen majalisar jiha a zamanin Abacha

A wannan gaɓa rubuce-rubuce suka fi cuɗewa. Yawancinsu na cewa an zaɓe shi ɗan majalisar dokokin jiha a 1998, har wasu su ƙidaya wannan a jerin muƙaman da ya riƙe. Jadawalin miƙa mulki na Janar Sani Abacha bai goyi bayan haka ba. An yi zaɓen majalisun jihohi ranar 6 ga Disamba, 1997. Wanda aka yi a 1998, ranar 25 ga Afrilu, na Majalisar Tarayya ne. Saboda haka 1997 ce shekarar da ta dace a riƙa.

Zamfara a lokacin jaririya ce. An cire ta daga Sakkwato ranar 1 ga Oktoba, 1996, Kanar Jibril Bala Yakubu yana kantomanta, kuma wannan ce majalisar farko da jihar za ta kafa. Jam'iyyu biyar gwamnatin soja ta yi wa rajista: UNCP, DPN, CNC, NCPN da GDM. Matawalle ya tsaya a UNCP, wadda ta fi sauran ƙarfi a faɗin ƙasa, ya kuma ci. To amma ba a rantsar da zaɓaɓɓun ba, an ce su jira a kammala zaɓen gwamnoni da na shugaban ƙasa kafin miƙa mulki ranar 1 ga Oktoba, 1998. A watan Afrilun 1998 duk jam'iyyun biyar suka tsayar da Abacha ɗan takararsu. Ranar 8 ga Yuni Allah Ya yi masa rasuwa, ranar 20 ga Yuli kuma Janar Abdulsalami Abubakar ya rushe jam'iyyun ya soke zaɓuɓɓukan da aka yi a ƙarƙashinsu. Ke nan Matawalle zaɓaɓɓen ɗan majalisar jiha ne wanda majalisarsa ba ta taɓa zama ba. Duk da haka bai kamata a raina wannan zango ba, domin a nan ya fara haɗa jama'arsa ta Maradun, kuma mutanen UNCP da dama sun kwarara cikin APP da ta ci Zamfara a 1999.

Kwamishina da Majalisar Wakilai

A gwamnatin farko ta Yarima, wadda ta ƙaddamar da shari'ar Musulunci a Oktoban 1999, Matawalle ya zagaya ma'aikatu da dama, ciki har da ta ƙananan hukumomi da masarautu, da ta muhalli, da ta matasa da wasanni. A 2003 ya tafi Abuja a tutar ANPP, ya sake cin kujerar a 2007.

Bayan Gwamna Mahmud Aliyu Shinkafi ya ɓata da Yarima ya koma PDP a 2009, Matawalle ma ya bar ANPP. A 2011 Yari ya kayar da Shinkafi, amma Matawalle ya riƙe kujerarsa a PDP, a mazaɓar da ta haɗa da Bakura, mahaifar Yarima. Wannan ce nasarar akwati da ta fi nuna nauyinsa a gida, ga shi kuwa ba a cika ambatonta ba. Guguwar APC ta 2015 ce ta kawo ƙarshen zamansa a majalisar.

Hukuncin 2019

A zaɓen gwamna na 9 ga Maris, 2019, hukumar zaɓe ta bayyana Mukhtar Shehu Idris na APC da ƙuri'a 534,541, Matawalle na PDP da 189,452. Sai dai rikicin zaɓen fid da gwani tsakanin ɓangaren Yari da na Sanata Kabiru Marafa yana gaban kotu. Ranar 24 ga Mayu Kotun Ƙoli ta ce APC ba ta yi halastaccen zaɓen fid da gwani ba, don haka ƙuri'unta sun tashi a banza. An rantsar da Matawalle ranar 29 ga Mayu tare da mataimakinsa Mahdi Aliyu Gusau. Hukuncin ya haɗa har da kujerun majalisar jiha, kusan dukkansu suka koma PDP. Nasiru Mu'azu Magarya ya zama kakaki, Faruk Musa Dosara na mazaɓar Maradun ta ɗaya ya zama shugaban masu rinjaye.

Matawalle ya soma mulki da sulhu da 'yan bindiga, aka sami sassauci na ɗan lokaci. A 2021 masifar ta sauka a yankinsa: an sace 'yan mata a makarantar Jangebe ta ƙasar Mafara ranar 26 ga Fabrairu, aka sako 279 bayan kwanaki kaɗan, aka kai hari kwalejin aikin gona ta Bakura a Agusta, aka kwashe ɗalibai 73 a makarantar Kaya ta Maradun ranar 1 ga Satumba. Daga nan gwamnati ta juya ga ƙarfi, aka rufe kasuwannin mako, aka katse layukan waya a faɗin jihar. Kwamishinan yaɗa labarai na lokacin, Ibrahim Magaji Dosara, shi ke sanar da yawancin waɗannan matakai.

Jagorancin jam'iyya da 2023

Ranar 29 ga Yuni, 2021, Matawalle ya koma APC a wani gangami a Gusau, inda shugaban riƙo na jam'iyyar, Mai Mala Buni, ya rushe shugabancinta na jiha ya bayyana shi jagora. Yari da Marafa sun ƙi amincewa da farko, sai daga baya aka sasanta. Mahdi ya ƙi bin ayarin, majalisa ta tsige shi ranar 23 ga Fabrairu, 2022, Sanata Hassan Nasiha ya maye gurbinsa.

A zaɓen 18 ga Maris, 2023, Dauda Lawal na PDP ya sami ƙuri'a 377,726, Matawalle 311,976. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta umarci a sake zaɓe a wasu wurare, ciki har da Maradun, amma Kotun Ƙoli ta tabbatar da Dauda Lawal ranar 12 ga Janairu, 2024. Kafin nan, ranar 21 ga Agusta, 2023, Shugaba Bola Tinubu ya rantsar da Matawalle ƙaramin ministan tsaro.