Hanyar Tarabulus: Manyan Ƙasashe, Libiya da Mutanen Ɗan Barto

Ɗan Barto gari ne na bakin iyaka a ƙasar Kance, kudu da Matamaye, cikin jihar Damagaram. Matafiyin da ya taso daga Kano ya biyo ta Daura, da zarar ya wuce Kwangwalam, a nan zai fara cin karo da ƴan duwan da jandarmomin Nijar. Daga nan hanya ta miƙe zuwa Matamaye da birnin Damagaram, ta wuce Tanut ta kai Agadas, inda ta rabu biyu: reshe ɗaya ya nufi Aljeriya ta Arlit da Asamaka, ɗayan ya nufi Libiya ta Dirku da Madama. Tsakanin Ɗan Barto da Tarabulus akwai fiye da kilomita 2000. Duk da wannan nisa, cikin shekaru 130 da suka wuce, da wuya manyan ƙasashen duniya su yanke wata babbar shawara a kan Libiya ba tare da ta sauka a kan mutanen wannan yanki ba, ko a kasuwarsu, ko a wurin ciraninsu, ko a kan rayukan ƴaƴansu.

Zamanin ayari

A ƙarni na 19 Tarabulus tana hannun Turkawa, waɗanda suka karɓi mulkinta kai tsaye daga Santambul a 1835. Daga can ayarin raƙuma ke tasowa, su bi ta Gadamas da Gat da Azbin, su sauka Damagaram, sannan su ƙarasa Kano. Larabawan Gadamas suna da gidaje da wakilai a biranen nan biyu. Suna kawo yadi da takarda da tsakiya da bindigogi, suna komawa da hauren giwa da gashin jimina da jemammun fatu, da kuma bayi, waɗanda da yawansu a ƙauyukan kudu aka kamo su. Sarkin Damagaram Tanimun, wanda ya yi mulki daga 1851 zuwa 1884, da wannan ciniki ya ƙarfafa daularsa, ya gina ganuwa, ya tara bindigogi har da igwa. Heinrich Barth ma, da gwamnatin Ingila ta aiko, daga Tarabulus ya taso a 1850, ya sauka Damagaram a ƙarshen 1852.

Turawa ne suka fara datse wannan hanya, kuma a kan takarda suka fara. A 1890 Ingila da Faransa suka ja layi daga Sayi zuwa Barwa a bakin tafkin Cadi. A watan Maris na 1899 suka sake zama, suka raba ƙasashen da ke kudu da Tarabulus a tsakaninsu. Sarkin Santambul ya yi ƙorafi cewa wannan bayan gidansa ne, amma ba wanda ya saurare shi, domin a lokacin daular Turkawa ta yi rauni. A wannan shekara Faransawa suka ci Damagaram bayan yaƙin Tirmini. Yarjejeniyoyin 1904 da 1906 suka gyara layin, aka kafa turakun iyaka tsakanin 1906 da 1908. Wannan layi ne ya ratsa tsakanin Kance da Daura, ya raba dangi da gonaki, ya mai da Ɗan Barto da Kwangwalam bakin ƙasashe biyu.

Shekarar 1911

Abubuwa biyu sun faru a 1911 waɗanda suka ƙarasa ayarin hamada. Layin dogo ya iso Kano, sai kayan da ke ɗaukar watanni a bayan raƙumi suka riƙa isowa cikin kwanaki. A watan Oktoba kuma Italiya ta auka wa Tarabulus, bayan ta riga ta sami amincewar Faransa da Ingila a asirce, kowacce don a ƙyale ta da nata rabon a Maroko ko Masar. Turkawa suka janye a 1912, aka bar ɗarikar Sanusiyya da ƙabilun ƙasar suna yaƙi da Italiyawa.

Da yaƙin duniya na farko ya ɓarke, Turkawa da Jamus suka tallafa wa Sanusiyya domin ta hana Ingila da Faransa da Italiya sakat. Cikin wannan guguwa Kawsan, wani shugaban Abzinawa mabiyin ɗarikar, ya fito daga Fazzan da makaman da aka ƙwace hannun Italiyawa. A watan Disamba na 1916, da haɗin bakin Sarkin Azbin Tagama, ya yi wa sojan Faransa ƙawanya a Agadas. Sai a watan Maris na 1917 rundunar da ta taso daga Damagaram ta fasa ƙawanyar, Ingilishi kuma suka aiko da soja daga Nijeriya don su taimaka wa abokansu. Ramuwar da ta biyo baya ta yi muni: an kashe malamai a Agadas, an kwashe raƙuma, mutanen Azbin da yawa suka gudo kudu. Kawsan ya mutu a Murzuk a 1919.

Daga nan fuskar ƙasar Kance ta juya kudu. Gyaɗa ta zama abin neman kuɗi da biyan haraji, ana auna ta a kasuwannin Matamaye da Magarya, ana ketara iyaka da ita zuwa tashar jirgin ƙasa ta Kano. Kusan shekaru 50 arewa ba ta da wani amfani ga manomin yankin.

Sansanoni da man fetur

Bayan yaƙin duniya na biyu, Ingila ta riƙe Tarabulus da Bangazi, Faransa ta riƙe Fazzan. Da manyan ƙasashe suka kasa daidaitawa a kan wanda zai gaji Italiya, sai aka miƙa maganar ga Majalisar Ɗinkin Duniya, Libiya ta sami mulkin kai ranar 24 ga Disamba 1951 a ƙarƙashin Sarki Idris, jikan wanda ya kafa Sanusiyya. Ƙasar matalauciya ce, abin da take ci shi ne kuɗin hayar sansanonin soja: Amurka tana da Wheelus kusa da Tarabulus, Ingila tana da nata kusa da Tubruk. An gano man fetur mai yawa a 1959. Ranar 1 ga Satumba 1969 Mu'ammar Gaddafi da wasu matasan hafsoshi masu koyi da Jamal Abdul Nasir na Masar suka kifar da sarki, a 1970 suka rufe sansanonin. Cikin ƴan shekaru Libiya ta zama ɗaya daga cikin manyan masu sayen makaman Tarayyar Sobiyet.

Nijar ta sami kanta tsakanin tsohuwar uwargijiya da sabon maƙwabci mai kuɗi. A watan Janairu na 1973 gwamnatin Diori Hamani ta yanke hulɗa da Isra'ila. A watan Maris na 1974 ta sa hannu kan yarjejeniyar tsaro da Libiya, a daidai lokacin da take neman Faransa ta ƙara kuɗin yuraniyom. Ranar 15 ga Afrilu sojoji suka kifar da Diori. Yunwar fari da zargin sama da faɗi da taimakon abinci su ne dalilan da aka bayyana, amma sojan Faransa da ke Yamai ba su ɗaga yatsa don kare shi ba. Seyni Kountché ya sayar wa Libiya yuraniyom tsakanin 1978 da 1981, ya kuma karɓi kuɗinta na ginin babban masallacin Yamai, amma bai taɓa sakin jiki da ita ba. Da Gaddafi ya yi shelar haɗe Libiya da Cadi a watan Janairu na 1981, dangantaka ta lalace. Faransa ta kai soja Cadi a 1983 da 1986, Amurka ta yi wa Tarabulus da Bangazi ruwan bama-bamai a watan Afrilu na 1986. Ranar 19 ga Satumba 1989 jirgin saman kamfanin UTA ya tarwatse a sararin Tenere, mutum 170 suka mutu, daga baya wata kotun Faransa ta ɗora laifin a kan jami'an Libiya 6.

A waɗannan shekaru kuwa gyaɗa ta faɗi, sanadin farin 1973 da cutar da ta biyo bayansa. Ƙasar Kance tana cikin wuraren da suka fi cunkoson jama'a a Nijar, gonar gado tana ta raguwa daga uba zuwa ɗa, don haka cirani ya zama dole. Nijeriya ce mafaka ta farko, amma ta kori baƙi a 1983, ta rufe iyakokinta daga 1984 zuwa 1986, cikin yunwar da mutane suka laƙaba wa sunan El-Buhari. Daga 1986 kuma darajar naira ta soma zubewa. Ɗan cirani ya sake duban arewa.

Takunkumi ya buɗe ƙofa

A 1992 Kwamitin Sulhu ya hana jiragen sama shiga Libiya ko fita, saboda harin Lockerbie na 1988 da na jirgin UTA. Tarayyar Sobiyet ta riga ta rushe, ƙasashen Larabawa kuma suka bi umurnin. Gaddafi ya ji haushin ƴan'uwansa, ya juyo ga Afirka. A watan Mayu na 1997 ya karya takunkumin, ya sauka da jirgi a Yamai da Kano, ya ja salla a gaban dubban jama'a. A 1998 aka kafa ƙungiyar ƙasashen Sahel da Sahara a Tarabulus, Nijar tana cikin 6 na farko. Libiya ta buɗe ƙofa ga leburorin kudu, matasan Damagaram suka riƙa zuwa Sabha da Tarabulus aikin gini da lambu da gadi, kuɗin da suke aikowa yana cike rumbu a lokacin bazara. Zaman bai rasa wulaƙanci ba: a watan Satumba na 2000 an far wa baƙaƙen fata a garin Zawiya, an kashe da dama.

Sunan Nijar ya shiga wani rikicin na Larabawa ba da saninta ba. An fito da takardun jabu da ke cewa Iraƙi ta ƙulla cinikin yuraniyom da Yamai. Tsohon jakadan Amurka Joseph Wilson ya zo Nijar a watan Fabrairu na 2002, bai ga shaidar cinikin ba. Duk da haka, a watan Janairu na 2003 shugaba George W. Bush ya ambaci yuraniyom na Afirka cikin hujjojinsa. Ranar 7 ga Maris Muhammad al-Baradai, shugaban hukumar nukiliya ta duniya, ya shaida wa Kwamitin Sulhu cewa takardun ba na gaskiya ba ne. Bayan makonni biyu aka shiga Iraƙi da yaƙi. A ƙarshen wannan shekara Gaddafi ya watsar da shirinsa na manyan makamai, ya shirya da Amurka da Ingila. A 2008 ya shirya da Italiya, kuma cikin sharuɗɗan har da tare baƙin da ke neman ketara teku.

Bayan 2011

Ranar 17 ga Maris 2011 Kwamitin Sulhu ya zartar da ƙuduri mai lamba 1973, wanda ya ba da izinin amfani da ƙarfi don kare fararen hula a Libiya. Rasha da Sin da Jamus da Indiya da Barazil suka ƙaurace wa ƙuri'a, Nijeriya ta goyi baya. Jiragen Faransa da Ingila da Amurka, daga baya a ƙarƙashin ƙungiyar NATO, suka yi ta kai hari har aka kashe Gaddafi a Sirt ranar 20 ga Oktoba. Dubun-dubatar ƴan Nijar suka gudo gida hannu rabbana, wasu bayan an tsare su bisa zargin su sojan haya ne. Gidajen da suka dogara da aiken Libiya suka wayi gari da ƙarin bakin ci, ba mai aikowa.

A wannan hali ne tafiyar matan Kance zuwa Aljeriya, su da ƙananan yara, don bara ko aikatau, ta ƙaru ƙwarai. A watan Oktoba na 2013 motocin wasu matafiya suka lalace arewa da Arlit. Da aka kai gare su, gawa 92 aka ƙirga: yara 52, mata 33, maza 7, ƙishirwa ta kashe su, kuma akasarinsu mutanen ƙasar Kance ne. Daga watan Disamba na 2014 Aljeriya ta soma maido da ƴan Nijar a jerin motoci bisa yarjejeniya da Yamai. A watan Mayu na 2015, cikin matsin Tarayyar Turai, Nijar ta kafa doka mai lamba 2015-36 da ta haramta safarar baƙi. Direbobi suka bar hanyoyin da ke da rijiyoyi, suka koma ɓoyayyu masu haɗari.

Makaman Libiya sun watsu cikin Sahel, manyan ƙasashe suka biyo bayansu. Faransa ta kafa sansani a Madama a 2014, Amurka ta gina na jirage marasa matuƙi a Agadas, wanda ya soma aiki a 2019, yayin da sojan haya na Rasha da dakarun Turkiyya suka shiga yaƙin basasar Libiya, kowa da ɓangarensa. Bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 ƙungiyar CEDEAO ta ƙaƙaba takunkumi, aka rufe Ɗan Barto da Kwangwalam kusan wata 8, abinci ya yi tsada a kasuwannin gefe biyu. A watan Nuwamba na 2023 sabbin mahukunta suka soke dokar 2015, a watan Disamba sojan Faransa suka gama fita. An sake buɗe iyakar a watan Maris na 2024. Masu horar da soja daga Rasha suka sauka Yamai a watan Afrilu, Amurkawa kuma suka bar sansanin Agadas a watan Agusta na wannan shekara.