Fayilolin DLL da Masu Gyaran Kwamfuta a Tsafe

Fayil ɗin DLL ƙunshin umarni ne da manhajoji da yawa ke ara su yi aiki da shi, maimakon kowace ta zo da nata. Word ko CorelDRAW ba sa ɗauke da duk abin da suke buƙata. In za su buɗe taga ko su zana rubutu a fuskar kwamfuta, sai su kira fayilolin da Windows ta ajiye domin kowa, irin su user32.dll da gdi32.dll da kernel32.dll. Kamar turmi ɗaya ne a gidan yawa: kowa na daka a ciki, ranar da ya tsage kuwa duk ɗakuna sai an makara da tuwo. Dabarar ta girmi Windows, domin tsarin Multics na Amurka ya yi aiki da ita tun shekarun 1960. Microsoft ta ɗora Windows a kanta tun fitowar farko a 1985, lokacin da ƙwaƙwalwar inji ba ta da yalwar da za a yi almubazzaranci.

A Zamfara sana'ar kwamfuta ta bi bayan gwamnati ne. Da aka ƙirƙiro jihar a ranar 1 ga Oktoba 1996, Gusau ta cika da ma'aikatu da takardun bugawa, shagunan buga takardu suka yawaita, daga baya abin ya gangaro Tsafe da Bungudu. Yawancin injinan 'yan kwatano ne da aka sayo ta Kano ko Legas, manhajojin kuma a faifan sidi suke yawo daga hannu zuwa hannu. A zamanin Windows 98 kowace manhaja da aka sa tana iya zuba nata fayil a kan wanda ta tarar, ko da nata ne tsoho. Mai shago zai sa wasa ko manhajar firinta da safe, da rana PageMaker ta ƙi buɗewa, ga katin biki ana jira. Windows 2000 ta fara tsare fayilolin tsarin daga irin wannan shisshigi, sannan XP ta 2001 ta ba da damar ajiye fayil iri ɗaya mai fitowa dabam-dabam gefe da gefe, a jakar WinSxS.

Maganin wancan lokaci ɗaya ne: fomatin. Ko inji ya ce hal.dll ya ɓace, wanda sau da yawa laifin ɗan ƙaramin fayil ɗin boot.ini ne da za a gyara cikin mintuna, sai a share komai a sake sa Windows. An yi asarar ayyukan ɗalibai da takardun ofis da yawa a haka, kuma ba rashin basira ba ne ya jawo. Babu intanet ɗin da za a yi bincike, ga ɗauke wuta da ke lalata fayiloli tsakiyar aiki, ga mai kaya tsaye a kai.

Zuwan layukan GSM a 2001, da modem ɗin da ya biyo baya, ya kawo wata ɗabi'a da ta fi ta farko haɗari. Yaro zai kwafi sunan fayil ɗin da ya ɓace, ya sauko da shi shi kaɗai daga shafin da ba a san mai shi ba, ya jefa a jakar System32. Wani lokaci a dace. Amma DLL umarni ne mai aiki da cikakken ikon manhajar da ta kira shi, don haka duk wanda ya cusa ɓarna a ciki ya sami ƙofa. Ga kuma tarkon injina masu bit 64: fayilolin 64 ne ke zama a System32, na 32 kuma a SysWOW64, saɓanin abin da ido ke zato. In aka saɓa musu wuri, kuskuren 0xc000007b ne ke fitowa.

Gwanintar da ta raba ƙwararre da ɗan koyo ita ce karanta sunan fayil. Sunan kan faɗi gidan da ya fito. msvcr100.dll na ƙunshin Visual C++ na 2010 ne, msvcr120.dll na 2013, vcruntime140.dll da msvcp140.dll kuma na 2015 zuwa sama. d3dx9_43.dll na DirectX ne, shi ya sa wasannin ƙwallo ke yawan kuka da shi. api-ms-win-crt-runtime-l1-1-0.dll kuwa alama ce ta Windows 7 da ba ta sami sabuntawar KB2999226 ba, abin da ya zama ruwan dare a injinan da ba sa hawa intanet. A duk waɗannan, ƙunshin gaba ɗaya ake sawa daga Microsoft, na 32 da na 64, domin manhajar 32 na 32 take nema ko a kan wane inji take. In fayil ɗin na Windows ne kanta, umarnin sfc /scannow ne ke mayar da shi. In na manhajar ne, a fara duba ma'ajiyar da antibairos ke killace abin da ya zarga, don a manhajojin da aka fasa makullinsu sau da yawa can fayil ɗin yake, kuma ba kullum antibairos ɗin ke kuskure ba.

Buƙatar wannan sani ta ƙaru bayan JAMB ta koma jarrabawar kwamfuta gaba ɗaya a 2015, ɗalibai suka shiga sa manhajojin gwaji a tsofaffin laftof. A Satumban 2021, da aka rufe layukan sadarwa a faɗin Zamfara saboda matsalar tsaro, saukar da komai ya gagara a Tsafe na tsawon makonni. Mai gyaran da ya tara ƙunshin Visual C++ da DirectX da .NET a fulash ya ci gaba da aiki, wanda ya dogara da data kuwa sai jira, ko ya fita jihar neman sabis.

Microsoft ta daina kula da XP a Afrilun 2014, Windows 7 a Janairun 2020, amma injinansu na nan a shaguna. A kansu sabuwar manhaja kan ce ba ta sami wata mashiga a kernel32.dll ba. Nan fayil ɗin lafiyarsa ƙalau, manhajar ce ke neman umarnin da ba a rubuta ba a zamaninsa. Mai gyara ko dai ya nemo tsohuwar fitowar manhajar, ko ya sa sabuwar Windows in injin zai ɗauka.