Tarihin Duwatsun Abzin da Damagaram

Mu nan Dakoro ƙasar rairayi gare mu. Mai ginar rijiya yakan wuce rairayi, ya wuce laka da tsakuwa, har ya kai ruwa. Amma wanda ya yi fatauci zuwa Gure ko Agadas ya ga manyan duwatsu tsaye. Yau tarihin wasu daga cikinsu za mu ba ku.

Duwatsun nan da fari narkakku ne, kamar ƙarfe a maƙera. Zafinsu ya wuce digiri 700. Narkakken dutsen ya taso daga cikin ƙasa. Wani ya fito waje, ya yi aman wuta. Wani kuwa ya tsaya a ƙarƙashi, ya yi ta hucewa sannu sannu, shekaru dubbai. Shi ya sa ƙwayoyinsa suka sami lokacin girma. In kun fasa shi, za ku gan su da idonku, kamar tsabar gero ko dawa. Daga baya ruwa da iska suka cinye ƙasar da ta rufe shi, ya bayyana.

Ɗaya daga cikin irinsu ana ce masa siyanit. An samo sunan daga Siyen, tsohon sunan garin Aswan na Masar. To, me ke cikinsa? Mafi yawa wasu ƙwayoyi ne farare ko jaja-jaja, masana na ce musu felsfa. A cikinsu akwai sodiyam da potasiyam da yawa. Kada sunayen su ba ku tsoro, kun san su. Sodiyam na cikin kanwa da gishiri. Potasiyam na cikin tokar da mata ke tacewa don miya. Don haka Turawa ke kiran irin wannan dutse "alkali". Ba alƙalin shari'a ba ne, kalmar Larabci ce mai nufin toka. Akwai kuma baƙaƙen ƙwayoyi masu ƙarfe. Farar ƙanƙarar dutse kaɗan ce cikin siyanit. In ta yi yawa, sai sunan ya koma giranit.

A wurare da yawa duwatsun sun yi zobe. Dalili shi ne rufin ramin narkakken dutsen ya rufta, kamar rijiya. Sai narkakken ya bi tsagar da ta kewaye, ya daskare a nan.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne, duwatsun nan ƴan gida ɗaya ne. Sun jeru daga arewa zuwa kudu, sama da kilomita 1,000. Na Abzin su ne yayye, sun kai shekara miliyan 400 ko fiye. Cikinsu har da Bagazam, inda tsauni mafi tsawo a Nijar yake, mita 2,022. Na Damagaram da Muniyo sun biyo baya, wajen shekara miliyan 300. Ƙannen suna Nijeriya: Dutse wajen miliyan 213, sai Riruwai da Jos, sai Afu can kudu, wajen miliyan 141. A 1911 wani Bature, Falconer, ya bambanta na Nijeriya da tsofaffin duwatsun da ke kewaye da su.

Giranit na wannan gida shi ke ɗauke da kuza. Tun kafin zuwan Turawa mutanen Riruwai, a ƙasar Kano, suna narka ta, fatake na saye. Bayan 1900 kamfanonin Ingila suka buɗe haƙar kuza a Jos, Hausawa da yawa suka tafi lebaranci. A Nijar ma an haƙi kuza a Elmeki da Tarawaji, cikin Abzin.

Layin duwatsun ya bi ta gabas da mu. Dakoro tana cikin babban kwari ne, wanda rairayi da laka suka cike cikin miliyoyin shekaru. Tsohon dutse na nan can ƙasa. Ya fara leƙowa ne kudu da Maraɗi, kusa da iyakar Katsina.