Waɗanda Aka Kai Inda Gari Ba Ya Wayewa

A shekarar 1880 ne Ingila ta miƙa wa Kanada tsibiran da ke can ƙuryar arewacin duniya, amma mallakar ta daɗe tana zaune a kan takarda kawai, domin ƙasa ce mai faɗi wadda Kanada ba ta da mazauna a mafi yawanta. Tsakanin 1898 da 1902 wani matuƙin jirgin ruwa ɗan Norwe, Otto Sverdrup, ya zagaya wasu daga cikin tsibiran ya yi iƙirarinsu da sunan ƙasarsa, maganar da ba a kashe ba sai a 1930. Mafarautan Girinlan kuwa sun saba ƙetare ƙanƙarar teku su yi farauta a tsibirin Ellesmere ba tare da neman izinin kowa ba. Da aka gama Yaƙin Duniya na Biyu, gaba ta ƙullu tsakanin Amurka da Tarayyar Sobiyet, sai Amurkawa suka fara yawaita a arewa, har aka kafa tashar duba yanayi ta haɗin gwiwa a Resolute, a tsibirin Cornwallis, cikin 1947. Daga nan hankalin mahukuntan Kanada a Ottawa bai sake kwanciya ba game da wanda zai amsa sunan mai wannan ƙasa.

Kimanin kilomita 2,000 kudu da can, a gabar gabas ta tekun Hudson, akwai garin Inukjuak na lardin Kebek, wanda Turawa ke kira Port Harrison a lokacin. Mutanensa Inuit ne, kuma sun daɗe da jingina rayuwarsu ga fatar farar yanyawa, wadda suke kai wa 'yan kasuwa su karɓo gari da shayi da harsashi. Da farashin fatar ya karye a ƙarshen shekarun 1940, iyalai da dama suka koma dogara da tallafin gwamnati. Jami'ai suka yanke cewa jama'ar wurin ta fi ƙarfin namun dajinsa, kuma maganin abin shi ne a kwashe wasu a kai su inda za su ci da kansu da farauta. Buƙatu biyu suka haɗu a tebur guda: ga ƙasa mai neman mutane, ga mutanen da ake ganin sun zama nauyi.

'Yan sandan tarayya aka aika su nemo masu son tafiya, kuma a nan ne tushen taƙaddamar da ta biyo baya yake. A wancan zamani ɗan sanda shi ne hukuma a arewa, shi ke raba tallafi, shi ke riƙe rajistar lambobin da gwamnati ta buga a kan 'yan faifai ta ba kowane mutum a madadin sunansa. Inuit suna da kalmar ilira, wadda ke nufin irin shakkar da ke hana mutum musa wa mai iko a kansa, ko da zuciyarsa ba ta yarda ba. Aka ce musu akwai nama a yalwace, ba za a raba iyalai ba, kuma wanda bai ji daɗin wurin ba za a mayar da shi gida bayan shekara biyu. Suka amsa, aka rubuta cewa da son ransu suka tafi.

A ƙarshen Yuli 1953 jirgin ruwan C.D. Howe ya tashi da su daga Inukjuak, ya biya Pond Inlet ya ɗauki iyalai uku waɗanda suka san zaman arewa mai nisa, domin su koya wa baƙin. Sai da aka isa Craig Harbour a ƙarshen Agusta mutanen suka ji cewa za a rarraba su. Aka sauke wasu a gabar Ellesmere, aka wuce da wasu Resolute, inda suka sauka a farkon Satumba, sanyi ya riga ya kawo kai. A 1955 aka ƙaro wasu iyalai, jimillar waɗanda aka kwashe ta kai kimanin mutum 90.

Wanda bai san arewa ba zai ɗauka ƙanƙara duk ɗaya ce, kuma da alama haka wasu masu tsara shirin suka ɗauka. A Inukjuak rana tana fitowa kullum ko a tsakiyar hunturu, akwai kifi a koguna, akwai tsuntsaye da 'ya'yan itatuwan daji a lokacin ɗumi. A sabon mazaunin kuwa rana takan faɗi a wajen ƙarshen Oktoba ba ta sake leƙowa sai Fabrairu, ƙasar tsakuwa ce tsagwaronta, dusar ƙanƙarar ma ba ta isa a yanka a gina ɗakin iglu ba. A cikin tantuna suka yi hunturun farko. Doka ta hana su taɓa ɓaunar arewa mai dogon gashi, an kuma ƙayyade musu barewar karibu da za su harba, sai ya zama dole magidanta su koyi neman ramukan numfashin dabbar teku a cikin duhu, mata kuma su fasa tsohuwar ƙanƙara su narkar kafin a sami ruwan sha. Mutanen Resolute sun ba da shaida daga baya cewa yunwa ta kai su ga tsintar abinci a jujin sansanin jiragen sama da ke kusa. Tarin fuka ya kama wasu aka tafi da su asibitocin kudu shekara da shekaru, samari kuma suka girma ba 'yan matan da za su aura sai danginsu na jini. Sunayen da suka ba wuraren sun isa shaida: Resolute suka kira Qausuittuq, inda gari ba ya wayewa, Grise Fiord kuma, mazauninsu na Ellesmere, Aujuittuq, inda ƙanƙara ba ta narkewa.

Shekara biyu ta cika, alkawari bai cika ba. Masu neman komawa aka riƙa ba su baki cewa su jira baɗi, ko kuma su kira 'yan'uwansu su zo su same su, kuma sai a 1989 gwamnati ta biya kuɗin mayar da mutum 40 Inukjuak. Komawar ma ta zama wata rabuwa, domin 'ya'yan da aka haifa a arewa ba su san wani gida ba sai can.

Daga cikin yaran da aka sauke a Resolute a 1953 akwai John Amagoalik, yana ɗan shekara biyar. Shi ne ya girma ya shiga sahun gaba wajen neman haƙƙin Inuit a kan ƙasarsu, ya jagoranci hukumar da ta shirya kafa yankin Nunavut, wanda ya tabbata ranar 1 ga Afrilu 1999, Resolute da Grise Fiord duka suna cikinsa. Shi da sauran waɗanda suka tsira suka dage cewa an kafa su ne a arewa kamar sandunan tuta. Wani rahoto da gwamnati ta sa aka yi a 1990 ya wanke jami'anta, amma hukumar bincike kan al'amuran 'yan asalin ƙasa ta saurari mutanen da bakinsu a 1993, kuma rahotonta na 1994 ya tabbatar da cewa ba a sami yardarsu ta gaskiya ba, an kuma saɓa alkawarin mayar da su, ya nemi a biya diyya a kuma nemi gafara. A 1996 gwamnati ta ware dalar Kanada miliyan 10, ta riƙe neman gafarar, har ta sa a cikin yarjejeniyar cewa jami'an wancan lokaci da kyakkyawar niyya suka yi aikinsu. Dattawa suka sa hannu saboda shekaru sun ja, da yawansu kuma suka rasu kafin 18 ga Agusta 2010, ranar da minista John Duncan ya tsaya a Inukjuak ya nemi gafara da sunan Kanada.

A watan da ya biyo baya aka buɗe mutum-mutumi biyu na dutse. Na Resolute, wanda Simeonie Amarualik ya sassaƙa, namiji ne tsaye shi kaɗai. Na Grise Fiord, aikin Looty Pijamini, mace ce da yaro. Grise Fiord har yau shi ne garin farar hula mafi nisa a arewacin Kanada, mazaunansa ba su kai 200 ba, kuma jirgin ruwan kaya sau ɗaya yake zuwa musu a shekara.