Bashan da Ya Fito Daga Kabari

Wani dare baƙon da na gayyata cikin shirina na rediyo bai zo ba. Don in cike minti goman da suka rage, sai na ba masu saurare labarin wani tsohon littafin Masar a taƙaice. Kafin in rufe baki waya ta fara shigowa, kowa da tambaya guda: tsakanin Basha da mai jaki, wa ke da gaskiya? Tun ranar nake son in zauna in rubuta tarihin littafin nan.

Sunansa Hadisu Isa bin Hisham, marubucinsa kuwa Muhammad al-Muwailihi, ɗan jarida ne mutumin Alƙahira. A 1898 ya fara fitar da shi kashi-kashi a jaridar mahaifinsa, Misbahus Sharƙ, sai a 1907 aka haɗa shi littafi. Sunan mai ba da labarin aro ne daga maƙamomin Badi'uz Zaman al-Hamazani, haka ma salon jimloli masu amsa-amo. Tsohuwar riga ce ya ɗauko ya sa wa sabon zance.

A lokacin, Turawan Ingila sun yi shekara 16 suna riƙe da Masar, tun mamayar 1882. Akwai sarki a gadon mulki, amma wuƙa da nama suna hannun Lord Cromer. An kafa sababbin kotuna a 1883 bisa tsarin dokar Faransa. Mutanen birni sun saba da duk wannan har sun daina ganinsa, kuma wanda ya saba da abu ba ya iya ba da labarinsa. Saboda haka al-Muwailihi ya karya tafiyar zamani, ya nemo ido baƙo daga cikin matattu.

Isa ya yi mafarki yana yawo a maƙabarta da dare, sai kabari ya tsage, wani dattijo ya fito. Ahmad Basha al-Manikali ne, ministan yaƙi a zamanin Muhammad Ali, wanda ya mulki Masar daga 1805 zuwa 1848. Shi a ganinsa jiya ya kwanta. Ya umarci Isa ya je gidansa ya ɗauko masa tufafi da doki. Isa ya ce bai san gidan ba, yanzu ba a sanin gida da sunan mai shi, sai da sunan titi da lamba. Wannan wurin ya fi ko'ina taɓa ni. Mutumin da sunansa kaɗai ya isa kwatance, ga shi ya koma aron mayafi.

Suna shiga gari wani mai jakin haya ya maƙale masa, wai ya yafito shi da hannu ya tsayar da shi, sai ya biya. Ƙarya yake yi, Basha hannu kawai yake kaɗawa cikin magana. Basha ya yi abin da ya saba, ya kai masa duka. Daga nan sai hannun ɗan sanda, sai caji ofis, sai mai gabatar da ƙara, sai lauya da dillalin lauya, sai kotu ta yanke masa ɗauri. Da ƙyar ya kuɓuta a ɗaukaka ƙara. A kowace ƙofa yana faɗin muƙaminsa, ba wanda ya ɗaga kai. Da ya nemi dukiyar da ya bari waƙafi, ya tarar jikoki sun yi watanda da ita.

Dabarar ba a kansa aka fara ba. A Amurka, Washington Irving ya fitar da Rip Van Winkle a 1819: mutum ya yi barcin shekara 20 a kan dutse, ya sauko yana cewa shi talakan Sarki George ne, alhali an yi yaƙin neman 'yanci an gama. Amma Rip dariya aka yi masa, 'yarsa ta ɗauke shi gida, ya ƙare kwanakinsa yana ba da labari a ƙofar masauƙi. Basha ba shi da gidan komawa. Ba barci ya yi ba, zamaninsa ne ya mutu tare da shi, aka tashe shi shi kaɗai.

Da yawa suna karanta littafin a matsayin kukan kewar zamanin da. Ni ban yarda ba. Zamanin da Basha ke yabo zamanin bulala ne da aikin tilas, inda babba zai doki talaka ya wuce ba mai cewa uffan. Marubucin bai ɓoye wannan ba. Sabon zamanin kuma da ake cewa kowa daidai yake gaban doka, ya nuna mana shi da ɗan sanda mai karɓar na goro da ma'aikacin da hankalinsa ke wajen shagali, mai ƙara na tsaye. Ya bar zamanin biyu suna tona wa juna asiri, shi ya koma gefe. Ɗan jarida a ƙasar da aka mamaye ya san amfanin matacce: ba a kai shi ƙara, ba a rufe masa jarida.

Daga baya ya kai Basha har Paris, wajen baje kolin duniya na 1900, aka ƙara wannan kashin a bugun 1927, shekara uku kafin rasuwarsa. A ganina can labarin ya yi sanyi, don a Paris kowa baƙo ne, Basha bai fi Isa mamaki ba.

A daren nan dai yawancin matasan da suka kira sun goyi bayan mai jaki, duk da na faɗa musu maƙaryaci ne. Na ƙarshe wani dattijo ne daga wajen Tasawa. Bai zaɓi kowa ba. Ya ce shekara 11 ya yi a Libiya, da ya dawo ya tsaya a bakin unguwarsu yana tambayar yara gidan mahaifinsa da suna, ba wanda ya sani, sai da ya ambaci shagon cajin waya da ke jikin katangar.