Hoto da Murya: Tunawa da Hausawan Jazira

Ya kamata mu waiwaya gabas, mu tuna da Hausawan ƙasar Sudan. Bayan yaƙin Burmi a 1903, Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, ya yi gabas da jama'arsa, har suka zauna a bakin Shuɗin Nilu kusa da Sinnar. Garin nan ana kiransa Mai Wurno har wa yau. Da aka gama madatsar Sinnar a 1925, aka buɗe gonakin auduga na Jazira, sai mahajjata da yawa suka tsaya neman guzuri, waɗansu kuwa ba su ƙara tashi ba.

A 1953 Turawan Ingila suka yi majigi a kan aikin nan, mai suna They Planted a Stone. Masu shirin talabijin na yau, in za su nuna wancan zamani, irin waɗannan hotuna su ke nema. Amma a majigin irin wannan, gona da ma'aikata a ke gani, muryar da a ke ji kuwa ta mai bayani ce da Turanci. Mai tsinkar auduga ba a ji bakinsa ba.

Masu aikin Bishara sun gane mutum da harshensa a ke kama zuciyarsa. Tun 1939 Joy Ridderhof ta soma ɗaukar wa'azi a faifan garmaho a Amurka. A 1963 aka buɗe Muryar Bishara a Adis Ababa, ana shirya na Hausa a Jos, har gwamnatin soja ta Habasha ta ƙwace tashar a 1977. To, mu ma mun aika da murya, amma muryoyin mutanen ƙauyukan nan nawa muka ajiye?

Ajiya kuwa tana ɓacewa. A 2023 yaƙi ya auka wa gidan rediyo da talabijin na Umdurman, inda a ke ajiye tsofaffin hotuna da muryoyin ƙasar, ya kai Wad Madani, mutane suka watse.

Saboda haka muna roƙonku, wanda ke da tsohon faifai ko kaset ko hoto, ya kawo a kwafa. Wanda ya san dattijon da ya zauna a Jazira, Musulmi ko Kirista, ya nemi izininsa ya ɗauki labarinsa tun yana da rai. Ubangiji ya san kowannensu da sunansa. Ya ba ƙasar Sudan salama. Amin.